Ƙyauren da Aka Ɗauki Isuhu a Kai

Nura, tunda ka ce in an zo yi wa zauren nan siminti za ka sa a fitar da tsohon ƙyauren da ke jingine a bango a faskare shi, to kafin ka kira mai gatari ka karanta wannan, kai da ƙannenka. Na daɗe ina kallonku kuna jin labarin kawunku Isuhu daga bakin 'ya'yan Yaya Malam, in an ambace shi ku sunkuyar da kai kamar an ce ɓarawo ne. Lokacin da abin ya faru kai kana Kaduna wurin aiki, Hadiza tana ɗakin mijinta da ɗanyen goyo, auta yana makarantar kwana. Ba wanda ya gani da idonsa a cikinku. Ni na gani, kuma yanzu da gwiwa ta ƙi, ido ya fara hazo, ba zan tafi in bar ku da labarin da aka yanke wa kai da ƙafa ba.

Mu uku Inna ta haifa wa Malam babanmu a nan Kurfi. Yaya Habu ne babba, wanda kuke kira Kawu Malam, ni kuma Yaya Malam, sai ni Saude, sai Isuhu. Ni na goye shi, ni na san nauyinsa. Ɗan daudu ne. Na faɗa da bakina, don kada wani ya tare ku a hanya ya faɗa muku yana zaton ya tona mana asiri. Tun yana ɗan mitsitsi in aka ba shi allo zai biya karatunsa da murya mai daɗi har babanmu ya lumshe ido, amma da an tashi sai ya zarce madafi, ya kife ƙoren Inna a ƙasa yana kaɗawa da tsinke. Tafiyarsa irin tamu, maganarsa irin tamu, in ya tuƙa tuwo ni kaina sai in ji kunyar nawa. An doke shi, an yi masa rubutu ya sha, an kai shi gona an hana shi shiga cikin gida, duk a banza. Da babanmu ya rasu Yaya Habu ya gaji limanci da makaranta, abin da ya fara yi shi ne ya ɗaure wa Isuhu kayansa a zane ya jefo su waje. Inna kuwa daga ranar duk wanda za shi Dutsin-Ma sai ta ƙulla masa daddawa da kuka a ɓoye ya kai wa autanta.

A bakin tashar Dutsin-Ma ya kafa tukunya, tuwo da miyar taushe da soyayyun kaji, har direbobi suna ƙin cin abinci a hanya don su iso wurinsa. Can ya haɗu da Lawal tela. Ɗaki ɗaya, kwano ɗaya, tun gashinsu yana baƙi har ya yi fari. Ban taɓa leƙa tsakaninsu ba, ba kuma aikina ba ne, Allah ne mai hisabi ba ni ba. Abin da na gani shi ne, ko a cikin ma'aurata ban cika ganin mutum biyu da ke tausayin juna kamar su ba.

Waƙa kuwa a jininsa take. Da fari matan gari ke kiransa biki ya zauna a tsakiyarsu da ƙorensa, wasu a kife a ƙasa, babbar a kife a kan ruwa cikin baho, ya kaɗa su amsa. Da aka fara wa'azi a kansu, aka hana irinsa shiga gidajen biki, sai ya koma bayan shagon Lawal, ya tara zawarawa masu amshi su rufe ƙofa su ɗauka a kaset. Da kaset ya wuce aka koma waya, wannan ta tura wa waccan. Ba sunansa a jiki, Inno Mai Ƙwarya ake cewa, kuma da yake muryarsa siririya ce maza duk sun ɗauka wata tsohuwa ce. Waƙoƙinsa ba na zambo ba ne, na abin da mace ke haɗiyewa ne, wadda aka saka tana jego, wadda ɗanta ya tafi ci-rani bai dawo ba. Akwai wadda ku ma kun sha ji a bakina ina wanke-wanke:

Ƙwarya ki faɗi, ni ba ni faɗi,
Abin da ke ɗaki ke kika ji.

To tasa ce. Har matar Yaya Malam na sha tararwa tana rera ta a bakin murhu, mijinta yana zaure yana faɗa wa mutane cewa ƙanensa ya mutu a wurinsa tuntuni.

Amma ba waƙar ce ta fi ci mini rai ba, aikin da ya yi ne, wanda yau kowa ya yi kamar bai sani ba. Isuhu ne ya haɗa kan masu tuwon tasha da zawarawa da 'yan'uwansa 'yan daudu, ya raba musu kwana. Duk wanda aka kwantar a asibiti ba mai jinya, yau wance ce za ta kai kunu, gobe wane ne zai wanke masa kaya. A kan durowarsa kullum akwai farin yadi a naɗe, don in baƙo ya faɗi ya mutu a tasha ba a san danginsa ba, shi da Lawal ke wanke shi su yi masa sutura. Yaron da aka koro daga gida saboda irin halinsa, ɗakin Isuhu yake kwana har a sama masa sana'a. Da ƙauyuka suka tashi saboda 'yan bindiga, mutanen wajen Kuki da Barkiya suka shigo gari da tabarmi a ka, ba su san inda za su sa haƙarƙarinsu ba, shi ya bi gida gida yana cewa ke ɗauki mace da 'ya'ya biyu, kai ba da zaurenka. Tukunyar da yake sayar da tuwo ta koma ta sadaka har sai da jarinsa ya karye. A lokacin ban ji wanda ya ce ba zai ci ba don ɗan daudu ne ya tuƙa.

Da Inna ta rasu Yaya Malam ya ce kada ya kuskura ya tako zaman makoki. Ya zo duk da haka, ya tsaya daga nesa gindin darbejiya kamar baƙo, yana kallo aka fito da uwarsa a tsohuwar makarar masallacinmu ta gwangwala, wadda aka ɗaɗɗaure da igiya, tana lanƙwasa a tsakiya. Abin ya tsaya masa a rai. Bayan arba'in sai ga mota ta sauke mini sabuwar makara ta ƙarfe a ƙofar gida, an shafe ta da koren fenti, har da marfi. Ya kira ni a waya.

“Yaya, ki kai masallaci, ladan ya je wa Inna. Amma ki ce ke kika sa aka ƙera.”

“Don me zan yi ƙarya da abin lada?”

“In ya san ni ne ba zai karɓa ba, kuma mutanen unguwa ne za su ci gaba da tafiya a waccan. Ki rufa mini, don Allah.”

Na rufa. Yaya Malam ya tsaya bayan sallar Juma'a yana sa mini albarka a gaban jama'a, wai Saude ɗiyar halak ce. Ni kuwa ina cikin gida ina jin abin kamar na haɗiye ƙaya.

Shekarar da nake son ku sani ita ce wadda ciwon suga ya ci masa ƙoda. Ku ji da kyau, ciwon suga, ba abin da 'yan gulma suka yi ta raɗawa ba. Na je Dutsin-Ma da bazara na tarar ƙafafunsa sun kumbura kamar turmi, Lawal ya rufe shago yana juya shi. Mutumin da ke cika tasha da shewa, ranar sai da na kai kunne bakinsa.

“Yaya, ban roƙi kowa komai ba a gidanmu. Abu ɗaya nake so. Ki kai ni ƙasar da Inna take.”

Na ce to. Ban yi shawara da kowa ba, babanku ya riga ya rasu, gidan nan nawa ne da ku. Na ɗauko shi na kwantar a ɗakin da ke kusa da rijiya, Lawal yana kwana a zaure. Kun san a lokacin tsakar gidan nan cike take da matan aure bayan la'asar, ina koya musu karatu kamar yadda babanmu ya koya mini. To ba a yi mako ba aka fara zare su ɗaya bayan ɗaya. Wannan mijinta ya hana, waccan wai kanta ke ciwo. Matan da na koya wa Fatiha da bakina, su gan ni a hanya su sauya kwana! Sannan Yaya Malam ya zo da kansa, ya ƙi wuce zaure, ya ƙi zama.

“Saude, mi kike nufi da ni? Kin kwaso mini abin kunya kin kawo bakin masallacina.”

“Yaya Malam, ba abin kunya na kwaso ba, ƙanenka na kwaso. Ga shi can kwance, shiga ka ce masa sannu.”

“Ba ni da ƙane. Ki maida shi inda ya ƙare rayuwarsa, in ba haka ba ni da ke sai a lahira.”

“To Allah ya kai mu lahirar, can ma ina da magana.”

Isuhu yana ji daga ɗaki. Da na shiga sai na tarar yana murmushi, wai har yanzu muryar Yaya irin ta Baba ce. Kai, wannan yaro! Ana tsine masa shi yana jin muryar ubansa.

Ya cika da hantsi, kansa a cinyata, Lawal yana maimaita masa kalmar shahada yana amsawa har harshe ya tsaya. Na ji da kunnena. Lawal ya wanke shi, ya ɗinka likkafanin da hannunsa daga cikin yadin nan da Isuhu ke ajiye wa baƙi. Na aiki maƙwabcinmu ya ɗauko makara, ga rana tana ta hawa, zafin bazara kuwa ba ya jiran kowa. Sai ga shi ya dawo hannu biyu yana kame-kame. Wai an sa sarƙa an ɗaure makarar da ƙarfen taga, an datse da kwaɗo, mabuɗi yana aljihun Malam.

Ban san lokacin da na zura hijabi ba. Ni da ban taɓa tsayawa gaban maza na ɗaga murya ba, na ratsa su suna zaune a tabarmi a ƙofar masallaci, na tsaya a kan Yaya Malam.

“Yaya Malam, a ba ni makara. Isuhu ya rasu.”

Ya ce innalillahi a ciki-ciki, bai ɗago ba. Sannan ya ce, “Makarar nan ta Musulmin unguwa ce. Wanda ya zaɓi zama cikin mata, matan su ɗauke shi.”

Wani daga gefe har da 'yar dariya. Wallahi da wuƙa ya soka mini da ya fi sauƙi. Nan take alkawarin da na riƙe shekaru ya kuɓuce.

“Makarar wa? Kai ka saye ta? To bari ka ji, ba ni na sa aka ƙera ta ba, Isuhu ne! Da kuɗin tuwonsa da na ƙwaryarsa. Duk wanda ya mutu a unguwar nan tun bayan Inna a kanta ya tafi. Kai Alhaji, a kanta aka ɗauki mahaifinka. Kai mai dariya, a kanta aka ɗauki matarka. Yau mai ita ya mutu ku ce ba za ta ɗauke shi ba? Ku ji tsoron Allah!”

Na ɗauka kunya za ta kama shi, na rantse na ɗauka zai sa hannu a aljihu. Sai ya gyara zama ya ce, “Da na sani da ba ta kwana a masallacina ba.” Amma bai kwance ta ya jefo waje ba, bai kuma ba da ita ba. Cikin mazan nan masu gemu da carbi ba wanda ya buɗe baki. Na aika wasu masallatan, kowa ya ce sai an ji daga bakin Malam Habu, ba za su shiga rigimar gida ba. Rigimar gida! Gawar Musulmi tana kwance tana jiran ƙasa, su suna lissafin wanda zai ɓata da wa.

Ina dawowa na tarar da motoci a ƙofar gida. Lawal ya buga waya tasha, labari ya bazu. Direbobi, masu tuwo da zannuwansu duk toka, 'yan daudu sun yi shiru yau ba shewa, da manoman nan na Kuki da Barkiya da ya taɓa raba wa masauki, har da masu fartanya da diga a kafaɗa. Wani direba ya ce bari ya koma Dutsin-Ma ya ɗauko makara. Na dubi rana, na dubi ɗakin da ƙanena ke kwance, na ce ba zai ƙara jiran alfarmar kowa ba.

“Lawal, ɓalle ƙyauren nan.”

“Yaya, ƙyaure?”

“Ɓalle shi, na ce. Katako ne mai kyau, babansu Nura ya sa aka yi. Zai ɗauke shi.”

Ya ɓalle. Aka shimfiɗa sabuwar tabarma a kai, aka kwantar da shi, aka ɗaure da rawanin wani dattijo daga Barkiya, Malam Tukur, wanda iyalinsa suka yi damina guda suna cin tuwon Isuhu. Shi ya ja sallar a filin ƙofar gidan nan, sahu har bakin hanya. Mutanen unguwarmu suna tsaye gindin darbejiya suna kallo, daidai inda Isuhu ya tsaya ranar Inna. Biyu ko uku sun saci jiki sun shiga sahun baya, ban raina musu ba, amma ban kuma gode ba. Mace ba ta bin gawa, don haka iyakata bakin zaure. Ina tsaye na ga ƙyauren yana tafiya a kan kafaɗu, wannan ya karɓa wancan ya karɓa, har suka sha kwana. Sai a lokacin na samu kuka.

Kun san ba a hura wuta a gidan makoki, maƙwabta ke kawo abinci. To ranar ko kwano ɗaya bai shigo ta ƙofa ba. Sai da la'asar na ji ana ƙwanƙwasa katanga ta baya. Na je, sai ga kwano ana miƙowa ta sama, hannu kawai nake gani. Na karɓa, wani ya biyo, wani ya biyo. Matan unguwa ne, kowace ta faki idon mijinta. A cikin kwanukan na gane na gidan Yaya Malam, mai murfin nan da ya lotsa. Na karɓa don baƙi na da yunwa, amma raina ya ɓaci. Mutumin da ya ciyar da gari a fili, da rana tsaka, shi ake kawo wa abincin makoki ta katanga kamar kayan sata.

Lawal ne ya dawo da ƙyauren a kansa, shi kaɗai, ya jingine shi a zaure inda yake har yau. Ya zauna a ƙasa kusa da shi. Duk masu shigowa ni suke yi wa gaisuwa, ba wanda ya dube shi, don ba a san sunan da za a kira rashinsa da shi ba. Na fito na durƙusa a gabansa.

“Lawal, ya haƙuri? Allah ya ji ƙansa, ya ba ka dangana. Kai ka fi kowa rashi.”

Ya rufe fuska da hula ya yi kuka. Da ya samu magana sai ya ce, “Yaya, akwai wata aduwa a maƙabartar. An nuna mini wajen da Inna take. Inuwa ɗaya ce ta rufe su.”

Abin da na biya kun gan shi ko ba ku san dalili ba. Makarantata ba ta sake taruwa ba. Yaya Malam bai ƙara tako gidan nan ba, ko a sunan 'ya'yanku, kuma ya hana a kira ni bikin nasa 'ya'yan. Lawal bai daɗe ba shi ma ya bi bayan Isuhu, ya rasu a Dutsin-Ma. Masu tuwon tasha kuwa har gobe suna raba kwanan jinya yadda Isuhu ya tsara musu, kuma har gobe in an kai amarya a garin nan waƙar Inno Mai Ƙwarya ake sakawa a waya, ana rawa, ba a san an hana mai ita makara ba. Da Yaya Malam ya rasu na je na yi masa addu'a, ɗan'uwana ne, nono ɗaya muka sha. Ina daga cikin gida na ji ƙarar sarƙa ana kwance makarar. A kanta aka ɗauke shi, koren fentin ma bai gama gogewa ba. Ban ce komai ba, Isuhu ma da yana nan ba zai ce ba.

Saboda haka, Nura, ka yi simintinka, ka shafa fenti duk kalar da kake so, amma ƙyauren nan ka zagaye shi. In baƙonka ya tambaya, kada ka ce tsohon katako ne, ka ce a kansa aka ɗauki kawunka Isuhu, mai tuwon tasha, mai ƙwarya, ka faɗa da ƙarfi yadda na gindin darbejiya za su ji. Ranar da tawa ta zo kuma, ban yarda ɗayanku ya je ƙofar masallacin nan neman mabuɗi ba. Ku kwantar da ƙyauren, ku shimfiɗa tabarma. Ya ɗauki wanda na goya, zai ɗauke ni.